BABI NA UKU: BAYIS ADMIRAL J. E. A. WEY, AIKINSA DA MUƘAMANSA DA LAMBOBIN GIRMANSA

3.0 Gabatarwa

A wannan babi za a duba tarihin aikin Bayis Admiral Joseph Edet Akinwale Wey, ɗan Nijeriya na farko da ya shugabanci rundunar sojan ruwa ta ƙasar nan. Za a bi matakan da ya taka tun daga lokacin da yake koyon aikin injin jirgi har ya zama mutum na biyu a gwamnatin mulkin soja ta Janar Yakubu Gawon. Haka kuma za a yi bayanin tsarin muƙaman sojan ruwa da yadda suke daidaita da na sojan ƙasa, domin sai an san wannan tsari za a fahimci abin da ya faru a watan Yulin 1966. A wannan wata ne aka raba girman muƙami da riƙon mulki a cikin sojan Nijeriya, kuma Wey yana daga cikin hafsoshin da abin ya faɗa wa kai tsaye. Abin da babin yake son tabbatarwa shi ne, matsayin da Wey ya ɗauka a lokacin shi ya shata wa sojan ruwa gurbinsu a gwamnatocin soja da suka biyo baya har zuwa 1999.

3.1 Haihuwarsa da Shigarsa Aikin Jirgin Ruwa

An haifi Wey a garin Kalaba ran 6 ga Maris 1918. Sunayensa kaɗai sun isa su nuna asalinsa, domin Edet sunan Efik ne na mutanen Kalaba, Akinwale kuwa sunan Yarabawa ne. Ke nan yana da jini a Jihar Gabas ta wancan zamani, yana kuma da jini a Ikko. Ya fara karatu a Kalaba, daga baya ya wuce Ikko ya ci gaba.

A wajen 1940 ya shiga Ma'aikatar Jiragen Ruwa ta gwamnatin mulkin mallaka a matsayin mai koyon aikin injiniya. Wannan ma'aikata ta farar hula ce. An kafa ta a 1914, lokacin da aka haɗa Kudu da Arewa, ta hanyar gwama ma'aikatar ruwa ta Kudu da ta Arewa wadda take da mazauni a Lakwaja. Aikinta shi ne kula da tashoshin jiragen ruwa, da yashe hanyoyin ruwa, da sa alamun da matuƙa suke bi, da kuma tafiyar da jiragen gwamnati masu ɗaukar fasinja da wasiƙu da kaya a gaɓar teku da kogunan Kwara da Binuwai. Wey ya gama koyon aiki a 1945, sa'an nan ya yi ta zagaya jiragen ma'aikatar masu shiga teku. A 1950 ya zama cikakken injiniyan jirgin ruwa.

Ya kamata a lura da cewa shekara goma sha shida na farkon aikinsa duk a ɗakin inji ya yi su, cikin zafi da baƙin mai, a ƙarƙashin Turawa. Bai shiga makarantar horar da hafsoshi yana saurayi ba, kamar yadda Gawon da tsararsa suka je Sandhurst a Ingila. Wannan bambanci ya bi shi har ƙarshen aikinsa, domin ya girmi yawancin hafsoshin da ya zauna majalisa da su nesa ba kusa ba.

3.2 Kafa Rundunar Sojan Ruwa

A tsakiyar shekarun 1950 gwamnati ta rarraba ayyukan tsohuwar ma'aikatar. Kula da tashoshi ya koma hannun Hukumar Tashoshin Jiragen Ruwa, wadda ta fara aiki a 1955, kula da koguna ya koma wani sashe dabam. Daga cikin ma'aikata da jiragen da suka rage ne aka tayar da rundunar tsaron ruwa, wadda ta fara aiki ran 1 ga Yuni 1956. Wannan rana ita ce rundunar take ɗauka ranar kafuwarta. A 1959 Sarauniyar Ingila ta yarda a liƙa wa sunan rundunar laƙabin sarauta irin na sojan ruwan Birtaniya. Da Nijeriya ta zama jamhuriya a 1963 sai aka cire laƙabin. Dokar sojan ruwa ta 1964 kuma ta faɗaɗa aikin rundunar daga sintirin bakin gaɓa zuwa tsaron ƙasa ta teku gaba ɗaya.

Shugabanninta biyu na farko Turawa ne, wato Kyaftin F. W. Skutil daga 1956 zuwa 1958, da Kwamado A. R. Kennedy daga 1958 zuwa 1964. Wey yana cikin 'yan ƙasa da aka ɗebo daga tsohuwar ma'aikata aka sa musu kaki a 1956. An ba shi muƙamin Sab-Laftana, wanda ƙaramin muƙami ne da saurayi ɗan shekara ashirin da 'yan kai yake riƙewa, alhali shi yana da shekara 38 a duniya.

3.3 Tsarin Muƙaman Sojan Ruwa

Sojan ruwan Nijeriya sun gaji tsarin muƙamansu ne daga na Birtaniya, kuma sunayen sukan rikita wanda ya saba da na sojan ƙasa. Misali, Kyaftin a sojan ƙasa matsakaicin hafsa ne mai anini uku, amma Kyaftin a sojan ruwa babban hafsa ne daidai da cikakken Kanar. Ga yadda muƙaman suke daidaita:

Sab-Laftana na ruwa daidai yake da Laftana na ƙasa.
Laftana na ruwa daidai yake da Kyaftin na ƙasa.
Laftana-Kwamanda daidai yake da Manjo.
Kwamanda daidai yake da Laftana-Kanar.
Kyaftin na ruwa daidai yake da Kanar.
Kwamado daidai yake da Birgediya.
Riya Admiral daidai yake da Manjo-Janar.
Bayis Admiral daidai yake da Laftana-Janar.
Admiral daidai yake da cikakken Janar.

A kayan sarki na sojan ruwa ana gane muƙami ne da layukan zinare a bakin hannun riga. Kyaftin yana da siraran layuka huɗu. Kwamado yana da faffaɗan layi guda. Riya Admiral yana da faffaɗa ɗaya da siriri ɗaya a samansa, Bayis Admiral faffaɗa ɗaya da sirara biyu, Admiral kuwa faffaɗa ɗaya da sirara uku.

Akwai kuma wani rabo a cikin hafsoshin kansu. Akwai hafsoshin tuƙi, waɗanda su ne ake bai wa jirgin yaƙi su jagoranta a teku, akwai kuma hafsoshin sana'a, irin su injiniyoyi da likitoci da masu kula da kaya da kuɗi. A al'adar da aka gada daga Birtaniya, shugabancin runduna na hafsoshin tuƙi ne. Wey injiniya ne, saboda haka hawansa kan kujerar shugabanci ya saɓa wa wannan al'ada. Dalili kuwa a fili yake. Lokacin da ake gaggawar mayar da manyan ayyuka hannun 'yan ƙasa, shi ne ɗan Nijeriya mafi girma da daɗewa a rundunar, matasan hafsoshin tuƙi kuwa ba su riga sun ƙosa ba.

Wannan gaggawa tana bayyana a jerin ƙarin girman da ya samu. Ya zama Laftana a 1958, Laftana-Kwamanda a 1960. A 1962 aka ba shi riƙon sansanin sojan ruwa na Apapa, wanda shi ne cibiyar rundunar. Ya zama Kyaftin a 1963, sa'an nan a watan Maris 1964 ya zama Kwamado, ya karɓi shugabancin rundunar daga hannun Kennedy. Wato cikin shekara takwas ya tashi daga ƙaramin hafsa zuwa muƙamin da yake daidai da Birgediya, tafiyar da a rundunar da ta kafu takan ci wa mutum fiye da shekara ashirin. Da wannan naɗi sojan ruwa suka riga sojan ƙasa samun shugaba ɗan ƙasa, domin sai a 1965 ne Manjo-Janar Aguiyi-Ironsi ya karɓi rundunar ƙasa daga hannun Baturen ƙarshe.

3.4 Juyin Mulkin 1966 da Matsalar Girma

Ran 15 ga Janairu 1966 wasu manjoji na sojan ƙasa suka yi yunƙurin juyin mulki. An kashe Firayim Minista Abubakar Tafawa Ɓalewa, da Sardaunan Sakkwato Ahmadu Bello, da Firimiyan Yamma Akintola, da Ministan Kuɗi Okotie-Eboh, tare da manyan hafsoshi irin su Birgediya Zakariya Maimalari da Birgediya Ademulegun da Kanar Kur Muhammed. Mulki ya faɗa hannun Ironsi, wanda shi ne mafi girman muƙami a sojan ƙasar. Wey ya shiga Majalisar Ƙoli ta Soja a matsayinsa na shugaban sojan ruwa. Har zuwa wannan lokaci ana iya cewa tsarin girma bai karye ba a saman runduna, tun da babba ne ya hau.

Ran 29 ga Yuli 1966 sojojin Arewa suka yi juyin mulki na ramuwa, aka kashe Ironsi tare da mai masaukinsa Laftana-Kanar Fajuyi a Ibadan. Bisa tsari, wanda ya kamata ya hau shi ne Birgediya Babafemi Ogundipe, Babban Hafsan Hedkwatar Ƙoli. Amma sojojin da suke riƙe da barikin Ikeja ba su da niyyar bin umurninsa, har an ruwaito cewa wani saje ya ƙi karɓar oda daga bakinsa. Ogundipe ya janye, daga baya aka tura shi Landan a matsayin jakada. Da janyewarsa, hafsan da ya fi kowa girman muƙami a cikin masu kaki na Nijeriya shi ne Kwamado Wey, sai Kanar Robert Adebayo yana biye. Duk da haka, ran 1 ga Agusta 1966 wanda ya yi wa ƙasa jawabi a matsayin shugaba shi ne Laftana-Kanar Yakubu Gawon, mai shekara 31. Muƙaminsa yana ƙasa da na Wey da mataki biyu, kuma Wey ya girme shi da shekara goma sha shida.

Dalilan da suka hana Wey wannan kujera guda uku ne. Na farko, rundunarsa ƙarama ce ainun idan aka gwada ta da sojan ƙasa, waɗanda a lokacin sun kai kimanin dubu goma. Na biyu, jirgin yaƙi ba ya tsare gidan rediyo ko filin jirgin sama ko fadar gwamnati, alhali da waɗannan wurare ake kama mulki. Na uku, kuratan da bindiga take hannunsu a wannan mako 'yan Arewa ne, sun kuma ƙudura cewa sai nasu za su bi. Saboda haka abin da ya rage wa Wey zaɓi biyu ne, ko dai ya bar aiki kamar Ogundipe, ko kuwa ya zauna ya sara wa wanda yake ƙasa da shi. Ya zaɓi ya zauna, ya kuma riƙe rundunarsa a bayan sabuwar gwamnati.

Muhimmancin wannan zaɓi yana fitowa ne idan aka dubi matsayin Gwamnan Jihar Gabas, Laftana-Kanar Odumegwu Ojukwu. Ɗaya daga cikin manyan hujjojinsa na ƙin amincewa da Gawon ita ce an tsallake na gaba, an karya tsarin girma wanda shi ne ƙashin bayan aikin soja. A ƙa'ida hujjar tana da ƙarfi. Sai dai mutanen da aka tsallake ɗin, wato Wey da Adebayo, suna zaune a majalisar Gawon suna aiki da shi, wannan kuwa ya rage wa hujjar kaifi. Da a ce Wey, wanda aka haifa a Jihar Gabas, ya fice yana kukan an ci masa girma, da gwamnatin Ikko ta ƙara zama ta ɓangare guda a idon jama'ar Kudu.

Wey yana cikin waɗanda suka halarci taron Aburi a ƙasar Gana ran 4 da 5 ga Janairu 1967, wanda Janar Ankrah ya karɓi baƙuncinsa. Sauran sun haɗa da Gawon, da Ojukwu, da Adebayo, da Hassan Usman Katsina, da David Ejoor, da Mobolaji Johnson, da shugabannin 'yan sanda biyu, Kam Selem da Omo-Bare. A wannan zama shi ne mafi girman muƙami a tawagar Nijeriya, shi ne kuma dattijon cikinsu. Batun wa zai shugabanci soja, da irin ikon da zai riƙe, yana cikin abubuwan da aka fi ja-in-ja a kansu. Yarjejeniyar da aka cim ma ta wargaje a kan saɓanin fassara bayan an dawo gida.

Masu nazari sun kasu biyu a kan matsayin Wey. Wasu suna ganin dattaku ne da kishin ƙasa, domin ya fifita zaman Nijeriya a kan layukan hannun rigarsa. Wasu kuma suna ganin iya ruwa ne fid da kai, kuma amincewar manya irinsa ita ta halatta wa ƙananan hafsoshi ɗabi'ar tsallake na gabansu da bakin bindiga, ɗabi'ar da ta dawo ta ci shi kansa a 1975. Kowanne daga cikin ra'ayoyin biyu yana da abin kamawa. Abin da ba a jayayya a kansa shi ne, rundunar sojan ruwa ba ta da hannu a juyin mulkin Janairu ko na Yuli, kuma ba a yi kashe-kashen ƙabilanci a sansanoninta irin wanda aka yi a barikokin sojan ƙasa ba.

3.5 Yaƙin Basasa

Ran 27 ga Mayu 1967 Gawon ya raba ƙasa zuwa jihohi goma sha biyu, aka yanki Jihar Kudu maso Gabas mai hedkwata a Kalaba da Jihar Ribas mai hedkwata a Fatakwal daga tsohuwar Jihar Gabas. Ran 30 ga Mayu Ojukwu ya yi shelar ɓallewar Biyafara, ran 6 ga Yuli kuma aka fara harbi. A cikin wannan shekara aka ɗaga Gawon daga Laftana-Kanar kai tsaye zuwa Manjo-Janar, Wey kuma ya zama Riya Admiral. Da wannan gyara sai muƙamansu suka zo daidai, aka kawar da abin kunyar da yake akwai na babba yana sara wa ƙarami. Gawon ya kuma sa shi cikin Majalisar Zartaswa ta Tarayya a matsayin Kwamishinan kula da tsarin ma'aikata, inda ya zauna da farar hula irin su Cif Awolowo da Malam Aminu Kano da Joseph Tarka.

Rundunar da Wey ya shiga yaƙi da ita 'yan jirage ne ƙalilan. Babbansu shi ne NNS Nigeria, wanda aka ƙera a ƙasar Holan aka karɓe shi a 1965. Akwai NNS Ogoja, da NNS Lokoja mai sauke soja da motoci a gaɓa, da wasu ƙananan jiragen sintiri. Ɗaya daga cikin ƙananan, wato NNS Ibadan, yana ruwan Gabas lokacin ɓallewa, saboda haka ya faɗa hannun Biyafara. Bugu da ƙari, hafsoshi da masu sana'a 'yan Gabas da yawa sun koma gida, suka bar giɓi musamman a ɓangaren inji. A nan ne ƙwarewar shugaban rundunar ta yi rana, domin a irin wannan hali babbar matsala ita ce yadda za a hana tsofaffin jirage tsayawa.

Ayyuka biyu rundunar ta yi. Na farko shi ne datse hanyar teku, yadda jirgin kasuwanci ba zai shiga Fatakwal ko Kalaba ba, kuma ɗanyen mai ba zai fita da sunan Biyafara ba. Na biyu shi ne ɗaukar sojan ƙasa ta ruwa a sauke su a bayan abokan gaba. A ƙarshen watan Yuli 1967 jiragen rundunar, da Nelson Soroh a kan NNS Nigeria da Akin Aduwo a kan NNS Ogoja, suka sauke sojojin Benjamin Adekunle a tsibirin Boni, inda tashar fitar da man fetur take. Kama Boni ya toshe bakin kogin da yake kaiwa Fatakwal, ya kuma nuna wa kamfanonin mai ɓangaren da yake da iko da gaɓa. A watan Oktoba 1967 aka maimaita irin wannan sauka a Kalaba, bayan jirage sun yi luguden wuta a kan wuraren tsaron garin. Kalaba ita ce mahaifar Wey, kuma jiragen da suke ƙarƙashin umurninsa ne suka yi wannan aiki. Kama garin ya ba da damar kafa gwamnatin sabuwar jiha a can, ya kuma buɗe hanyar raba Biyafara da iyakar Kamaru. Da Fatakwal ta faɗi a watan Mayu 1968, Biyafara ta rasa teku gaba ɗaya, sai ɗan filin jirgin sama na Uli ya zama hanyarta ta samun makamai da abinci.

Tarihin wannan nasara ba ya cika sai an faɗi abin da ta jawo. Ƙawanyar da aka yi ta ruwa da ta tudu ta hana busasshen kifi da gishiri da sauran abinci shiga yankin da yake cike da 'yan gudun hijira. Yunwa da cutar kwashiyoko suka kashe jama'a masu ɗimbin yawa, galibinsu yara, kuma yawancin ƙiyasi yana sa adadin tsakanin rabin miliyan da miliyan biyu. Datse teku manufa ce ta gwamnatin tarayya baki ɗaya, amma rundunar Wey ce ta aiwatar da ɓangaren ruwa. Don haka duk yabon da ake yi wa rundunar na gajarta yaƙin, yana tafiya tare da wannan nauyi. Yaƙi ya ƙare ran 15 ga Janairu 1970, lokacin da Philip Effiong ya miƙa wuya a Barikin Dodan.

3.6 Hedkwatar Ƙoli da Ritaya

A 1971 aka yi wa manyan hafsoshi ƙarin girma. Gawon ya zama cikakken Janar, Wey ya zama Bayis Admiral, ɗan Nijeriya na farko da ya kai wannan muƙami. Idan aka jera shekarun za a ga abin da ya faru. A 1966 Wey yana gaban Gawon da mataki biyu, a 1967 suka yi kunnen doki, a 1971 Gawon ya wuce shi da mataki ɗaya. Ke nan shekara biyar aka ɗauka ana gyara muƙamai har suka dace da inda mulki yake tun 1966.

A 1973 Wey ya miƙa rundunar ga Nelson Soroh, hafsan tuƙi ɗan ƙasa na farko da ya shugabance ta, bayan ya riƙe ta kusan shekara tara. Shi kuma ya koma Babban Hafsan Hedkwatar Ƙoli, wato kujera ta biyu a gwamnatin soja, da Manjo-Janar Hassan Usman Katsina a matsayin mataimakinsa. Shekarun nan su ne na kuɗin mai, su ne kuma na gajiyar gwamnatin Gawon. An yi rigimar ƙidayar 1973, an yi ta zargin gwamnoni da cin hanci, ran 1 ga Oktoba 1974 kuma Gawon ya janye alkawarin miƙa mulki a 1976. Hafsoshin da suka yi yaƙi a fagen daga suna ganin an bar su a baya, dattawa sun toshe sama.

Ran 29 ga Yuli 1975, shekara tara daidai da juyin mulkin da ya kawo Gawon, aka hamɓarar da shi yana taron Ƙungiyar Haɗa Kan Afirka a Kampala. Masu juyin mulkin ba su nemi na biyu a gwamnati ya hau ba. Birgediya Murtala Muhammed suka ɗora, kuma a jawabinsa na farko ya sanar da ritayar duk hafsan da yake da muƙamin Manjo-Janar ko makamancinsa zuwa sama. Sunan Wey yana cikin waɗanda aka ambata, tare da Hassan Katsina da Ejoor da Soroh. Birgediya Olusegun Obasanjo ya gaji kujerarsa, Michael Adelanwa ya karɓi sojan ruwa. Wannan karon ba a nemi babba ya sara wa ƙarami ba, sallamar manyan aka yi gaba ɗaya. Wey ya tuɓe kaki yana da shekara 57, bayan kimanin shekara 35 yana aikin gwamnati. Ya rasu a watan Disamba 1991.

3.7 Lambobin Girma

Kafin jamhuriya, lambobin girman da ake ba 'yan Nijeriya na Sarauniyar Ingila ne, irin wadda aka ba Sardauna da Tafawa Ɓalewa har ake kiransu da laƙabin Sa. Dokar lambobin girma ta 1964 ta kafa na ƙasa, gida biyu, wato lambar Jamhuriyar Tarayya da lambar Neja. Kowane gida yana da hawa huɗu. Na Jamhuriya su ne GCFR da CFR da OFR da MFR, na Neja kuma GCON da CON da OON da MON. A bisa al'adar da ta kafu daga baya, GCFR ta shugabannin ƙasa ce, GCON kuma akan ba mataimakin shugaban ƙasa da shugaban majalisar dattawa da alƙalin alƙalai. Ban da waɗannan akwai lambobin soja zalla, waɗanda ake bayarwa saboda daɗewa a aiki ba tare da tabo ba, ko saboda halartar wani yaƙi.

A jerin sunayen shugabannin sojan ruwa, haruffan da suke biye da sunan Wey su ne OFR da FSS. Ta farko ita ce hawa na uku a gidan Jamhuriya, ta biyu kuma tauraruwar aikin soja ce. Idan aka gwada da hafsoshin ruwa da suka riƙe kujera ta biyu bayansa, irin su Augustus Aikhomu da Mike Akhigbe, waɗanda suka sami GCON, za a ga tazara. Wannan yana nuna cewa nauyin lamba yana bin zamanin da aka ba da ita da hannun da ya bayar, saboda haka ba a auna aikin hafsa da haruffan bayan sunansa kaɗai.

Karramawar da ta fi daɗewa ita ce wadda rundunar ta yi masa da kanta. A al'adar sojan ruwa, sansanin tudu ma sunan jirgi ake ba shi. Sansanin da yake kula da unguwar sojan ruwa ta Ojo a Ikko sunansa NNS Wey, kamar yadda aka sa wa na Yenagoa sunan Soroh.

3.8 Kammalawa

A wannan babi an bi tarihin Wey daga ɗakin injin jirgin gwamnatin mulkin mallaka zuwa Hedkwatar Ƙoli. An ga cewa saurin hawansa ya samo asali ne daga buƙatar mayar da aiki hannun 'yan ƙasa, kuma a 1966 girman muƙaminsa bai ba shi mulki ba, domin mulki yana hannun rundunar da take da kurata a tudu. Gurbin da ya karɓa, wato na dattijon da yake zaune kusa da shugaba ɗan sojan ƙasa, ya zama abin koyi ga gwamnatocin baya. Janar Babangida ya ɗauki Kwamado Ebitu Ukiwe a 1985, sa'an nan Aikhomu daga 1986 zuwa 1993, Janar Abdulsalami Abubakar kuma ya ɗauki Akhigbe daga 1998 zuwa 1999. Dukkansu hafsoshin ruwa ne 'yan Kudu a ƙarƙashin shugaba ɗan Arewa, wanda hakan yana daidaita rabon muƙamai tsakanin sassan ƙasa, kuma mataimakin da ba shi da bataliya ba abin tsoro ba ne ga shugaba. A duk tsawon mulkin soja babu hafsan ruwa da ya shugabanci Nijeriya. Sai a 1999, bayan komawa mulkin farar hula, aka naɗa Ibrahim Ogohi Babban Hafsan Tsaro, hafsan ruwa na farko da sojan ƙasa da na sama suka zauna a ƙarƙashinsa bisa doka. Babi na gaba zai duba yadda rundunar ta bunƙasa a hannun magadan Wey, daga 1973 zuwa sayen NNS Aradu a farkon shekarun 1980.